Fayil ɗaya ya ɓace, kada a goge kwamfutar duka

A kasuwannin kan iyaka irin su Konni da Illela, ko Ɗan Isa da Jibiya, kwamfuta, wadda wasu ke kira ordinatar, ta shiga shaguna. A cikinta ake ajiye lissafin kaya, da sunayen masu bashi, da canjin Naira da Sefa. Wata rana sai mai shago ya buɗe manhajarsa ta ƙi tashi, wani ɗan akwati ya fito yana cewa ba a ga VCRUNTIME140.dll ko MSVCR100.dll ba. Nan take sai hankali ya tashi, a ruga wajen mai gyara, shi kuma ya ce sai an goge komai an sake zuba Windows. Ta haka littafin bashi na shekara guda ke salwanta a banza.

Fayil mai ƙarewa da .dll kayan aiki ne na tarayya. Kamar sikeli ɗaya ne da ƴan layin hatsi ke amfani da shi: in aka ɗauke shi, awo ya tsaya ga kowa, alhali hatsin yana nan lafiya. Manhajoji da yawa ba sa zuwa da dukan abin da suke buƙata, suna dogara ga irin waɗannan fayiloli da ke cikin Windows. Lambar da ke jikin sunan tana nuna asalinsa. MSVCR100.dll na cikin kunshin Visual C++ na 2010 ne na kamfanin Microsoft, shi kuwa VCRUNTIME140.dll da MSVCP140.dll na kunshin da ya fara fitowa a 2015 ne. Mu ƴan rediyo mun san wannan matsala, domin kafin 2019 manhajar Audacity ba ta fitar da sauti a MP3 sai an nemo mata lame_enc.dll daban.

Me ke sa fayil ya ɓace? Babban dalili shi ne kwafo manhaja a filas daga kwamfutar maƙwabci ba tare da an girka ta yadda ya kamata ba. Manhajar ta zo, abokan aikinta sun tsaya can. Wani lokaci cire wata manhaja ne ke tafiya da fayil ɗin da wata ke buƙata. Wani lokaci maganin bairos ne ya tsare shi, ko ɗaukewar wuta ta lalata shi ana cikin aiki.

Gyaran yakan zo da sauƙi. Da farko a rubuta sunan fayil ɗin daidai a takarda. A sake girka manhajar da ta ƙi tashi daga ainihin inda aka samo ta. In sunan ya fara da MSVC ko VCRUNTIME, a sauko da kunshin Visual C++ Redistributable daga shafin Microsoft, kyauta ne. A kwamfuta mai 64-bit a girka x64 da x86 duka, domin tsofaffin manhajoji na x86 suke nema. In kuwa fayil ɗin na Windows ne kansa, a buɗe cmd da izinin mai kula da kwamfutar, a rubuta sfc /scannow, a bar shi ya gama bincike.

Abin da muke jan kunne a kai shi ne shafukan intanet masu raba fayil ɗaya-ɗaya. Ba a san wanda ya taɓa fayil ɗin ba. Yana iya zama tsoho, ko wanda bai dace da kwamfutar ba, ko an cusa masa abin satar lambobin sirri na banki. Wanda ke tura kuɗi da kwamfutar shagonsa bai kamata ya yi wannan kasada ba.

Masu sayen kwamfuta ta hannu su lura: Microsoft ya daina tallafa wa Windows 7 tun Janairun 2020, sabbin manhajoji da yawa kuma ba sa aiki a kanta ko da an zuba mata fayil nawa. A nan sabuwar Windows ce magani.

In dole sai an je wajen mai gyara, a fara kwafe lissafi a filas a bar shi gida, sa'annan a tambaye shi ko ya gwada waɗannan matakai kafin ya taɓa goge komai.