In An Riƙe Wa Malami Fenshonsa

Yawancinmu a kwalejin nan aikin Gwamnati za mu yi, watau wata rana mu ma za mu jira fensho. To, in an ƙi biya fa? Tsarin mulkin Nijeriya na 1999, sashe na 210, ya hana a riƙe wa ma'aikacin jiha fenshonsa, sai bisa doka. Tun 2011 Kotun Ma'aikata ce ke jin irin wannan ƙara. Saboda haka tsohon malamin da ke Hashimi, cikin Suleja, ba alƙalin gari zai kai wa kukansa ba. Kotun nan kuwa takardu take nema: ta ɗaukar aiki, ta ƙarin girma, da ta barin aiki. Abin haushi, ko ya ci shari'a, sau da yawa ba a taɓa kuɗin Gwamnati a biya shi sai Antoni-Janar ya yarda.