Buhu Nawa Za a Soka? Lissafin Yiwuwa a Cinikin Hatsi

Ƙananan hukumomin Faskari, Kankara da Sabuwa suna cikin yankin kudancin Jihar Katsina da ya yi suna wajen noman masara, dawa da auduga, kuma a lokacin kaka kasuwanni irin na Sheme da Dandume sukan cika da 'yan sari masu lodin hatsi zuwa Funtuwa, Zariya da Dawanau ta Kano. Da yake mai saye ba zai iya kwance kowane buhu ba, abin da aka saba shi ne a soka wa wasu buhuna ƙarfe mai rami, a zubo ƙwayar a tafin hannu, a duba danshi, fumfuna, tsakuwa ko cin ƙwari, sannan a yanke hukunci a kan lodin baki ɗaya. Wannan ɗan abin da aka ɗiba shi ake kira samfur, kuma reshen lissafi da ke auna ƙarfin shaidarsa shi ne ilimin yiwuwa, wato ƙiyasta sau nawa abu zai faru idan an maimaita gwaji sau da yawa.

A ƙaddara lodi ne na buhu 100, wanda 10 daga ciki suka lalace, kuma sharaɗin mai saye shi ne ya mayar da kayan da zarar ya ci karo da lalatacce ko da guda ɗaya. Yiwuwar buhun farko ya fito lafiyayye ita ce 90 cikin 100, ta biyu 89 cikin 99, ta uku kuwa 88 cikin 98, domin kowane buhu da aka duba yana rage adadin waɗanda suka saura. Idan aka ninka waɗannan da juna, za a ga cewa mai soka buhu 3 kacal zai karɓi irin wannan lodi kusan sau 73 cikin 100 ba tare da ya ga aibi ba. Idan ya soka buhu 10, yiwuwar mayar da kayan takan hau zuwa kusan kashi 67 cikin ɗari, idan kuma ya soka 20 ta kai kusan kashi 90.

Sai dai tsanantawa tana da nata zalunci, domin manomin kirki wanda buhu 2 kaɗai suka sami matsala a cikin 100 za a mayar masa da kaya kusan sau 19 cikin 100 idan an soka buhu 10, alhali kayansa sun cancanci karɓa. Masana suna kiran wannan kasadar mai sayarwa, kishiyarta kuma kasadar mai saye, wato karɓar kayan da ya kamata a ƙi. Hanyar daidaita su ita ce a ƙara yawan samfur, a kuma yi sassauci kaɗan: idan aka soka buhu 20 aka yafe lalatacce guda, mayar da kayan manomin kirki yakan sauka zuwa kusan kashi 4, yayin da lodi mai lalatattu 10 har yanzu za a ƙi shi kusan sau 64 cikin 100.

Harold Dodge da Harry Romig, ma'aikatan ɗakunan bincike na kamfanin tarho na Bell a Amurka, su ne suka tsara irin wannan lissafi a jadawalin da aka buga a 1944, kuma rundunar sojan ƙasar ta yi amfani da dabarar a Yaƙin Duniya na Biyu, tun da ba zai yiwu a harba kowane harsashi don gwada shi ba. Muhimmancinta ga Najeriya ya fito fili a 2015, lokacin da Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen wake daga ƙasar saboda ragowar maganin ƙwari da aka riƙa samu a samfurori.

Dukkan waɗannan alƙaluma sun dogara ne da sharaɗi guda, wato a zaɓi buhunan ba tare da son rai ba, ta yadda na ƙasan tari da na tsakiya za su sami damar fitowa daidai da na sama. Idan mai kaya ko dillalinsa ne ya nuna buhunan da za a soka, ko kuwa aka tsaya a bakin buhu inda mai algus yakan zuba mai kyau, lissafin ya rushe. Saboda haka ya kamata mai saye da mai sayarwa su amince tun kafin a fara awo a kan buhu nawa za a soka, nawa za a yafe, da kuma yadda za a zaɓe su, ko da ta hanyar ƙuri'a ce.