Gaskiya da Ƙari a Tarihin Krzysztof Kieślowski

Krzysztof Kieślowski, daraktan fina-finai kuma marubucin labaransu ɗan ƙasar Poland, wanda aka haifa a Warsaw a 1941 kuma ya rasu a can a 1996, yana daga cikin mutanen da shahara ta sa aka cuɗanya tarihinsu da ƙari, har masu ƙaunarsa kan maimaita abin da bai auku ba.

Abin da ya fi ruɗar masu kallo shi ne batun Van den Budenmayer, mai tsara kiɗa ɗan Holan da ake ambata a kashi na tara na Dekalog, wato jerin fina-finansa na talabijin guda goma da aka gina a kan Dokoki Goma na Annabi Musa. Ba a taɓa yin wannan mutum a duniya ba, domin Kieślowski da mai tsara kiɗa Zbigniew Preisner ne suka ƙago shi, kuma Preisner ne ya tsara duk kiɗan da ake jingina masa.

Akwai kuma masu cewa fim ɗin Kieślowski na 1988, Gajeren Fim a kan Kisa, shi ne ya soke hukuncin kisa a Poland, kuma wannan magana ta cancanci a auna ta da kyau, tun da tana da ƙamshin gaskiya. Fim ɗin ya nuna yadda wani saurayi ya shaƙe direban tasi da igiya sannan ya ƙarasa shi da dutse, ya kuma nuna yadda hukuma ta rataye saurayin bayan ma'aikacin kurkuku ya gwada igiya a tsanake, abin da ya tayar da muhawara mai zafi. A shekarar ne aka zartar da hukuncin kisa na ƙarshe a ƙasar, amma dokar da ta soke shi sai a 1998 ta fara aiki, bayan rushewar mulkin kwaminisanci, saboda haka ɗora wa fim ɗaya wannan canji rage wa 'yan majalisa da lauyoyi haƙƙinsu ne.

Kieślowski bai taɓa samun lambar Oscar ba, ko da yake fim ɗinsa Ja ya shiga takara a fannoni uku. Sai dai fim ɗinsa Shuɗi ya ci babbar lambar bikin Venice a 1993. Gaskiya ne ya sanar da ajiye aikin darakta a 1994, sai dai bai ajiye alƙalami ba, domin shi da lauya Krzysztof Piesiewicz sun rubuta labarin Aljanna, wanda darakta Tom Tykwer ya mayar fim a 2002.