Jirgin Kara Da Jirgin Ƙarfe

In mun zaga makarantun ƙasar Dutse bayan kaka, mukan tarar da yara suna ƙera jirgin sama da karan dawa, mu ce shiririta ce. To, bari mu duba.

Jirgin farko mai inji da ya tashi da mutum, a Amurka, ran 17 ga Disamba 1903, masu gyaran keke ne suka ƙera shi, wa da ƙane, Wilbur da Orville Wright. Katako ne da yadi, fukafukai hawa biyu. Amma sai da suka gwada ƙananan fukafukai wajen 200 cikin akwatin iska, suna rubuta lissafi.

A 2007 kuwa, Mubarak Muhammad Abdullahi, ɗalibin Jami'ar Bayero ta Kano, ya harhaɗa jirgi mai saukar ungulu da injin Honda Civic da tarkacen ƙarfe. Ya tashi misalin ƙafa 7, ba shi da abin auna nisansa daga ƙasa.

Watau hannu kam muna da shi, awo ne ya yi mana ƙaranci. Saboda haka, malamai, in kun kama yaro da jirgin kara, kada ku karya masa. Ku ba shi rula ya auna fiffiken, ya cilla shi, sa'an nan ya gaya muku abin da ya kā da shi.