KAMA DA WANE BA TA WANE: Abin Lura Kafin a Sayi Rim na Motar Ekklesiya

A yawancin gundumominmu na karkara mota ɗaya tak ekklesiya take da ita. Ita ce ke kai mai naƙuda asibiti da tsakar dare, ita ce ke ɗauko taki da iri kafin shuka, ita ce kuma ke kai zumuntar mata taro. Da kuɗin baiko da gumin manoma aka saye ta. Saboda haka a wannan fitowa muna so mu yi magana a kan wani ƙarfe da ba a cika kula da shi ba, watau ƙarfen nan da taya ke zaune a kansa, wanda makanikai suke kira rim.

Abin da ya sa muka ɗauko zancen shi ne wani abu da ya faru a gundumarmu wata damina. Motar ƙaramin asibitinmu, Toyota Hiace, ta faɗa rami, rim ɗin baya ya tsage. Kwamiti ya ba direba kuɗi ya tafi gari ya samo wani. Ya sami rim mai kyaun gani, mai rami shida kamar namu, ga kuma araha. Da aka zo ɗaurawa sai ramin tsakiya ya ƙi shiga. Mai walda ya ce wannan ba matsala ba ce, ya sa wuta ya ƙara faɗin ramin, aka ɗaura, aka matse noti. Bayan kwana kaɗan, ana kan hanya da unguwarzoma da wata mai ciki, direba ya ji ƙafar baya tana ƙwanƙwasa. Da ya tsaya ya duba, kusa uku sun karye, sauran ukun kuwa notinsu ya kwance har hannu yana iya juya shi. Allah ya kiyaye, domin hanyar ba ta da kyau, ba gudu ake yi ba. Da a kan kwalta ne, da labarin ya sha bamban.

Da aka kwance rim ɗin aka duba sai aka gane na Nissan Urvan ne. Yawan ramukansa da tazararsu daidai suke da na Hiace, amma ramin tsakiyarsa milimita 100 ne, na Hiace kuwa milimita 106. Wutar walda ba ta ci ramin daidai ba, gefe ɗaya ya hau kan leɓen cibiya, rim bai kwanta sosai ba. Noti ya yi kamar ya matsu, alhali kuwa rim yana ɗan motsi a ƙarƙashinsa, yana cin kusoshi a hankali. Direbanmu ba mugunta ya yi ba, ba a taɓa koya masa ba ne. Ga abin da muka koya daga baya.

NA FARI: YAWAN RAMUKA DA TAZARARSU

Kowa yakan ƙirga ramukan kusa, amma ƙirga kaɗai ba ta isa ba. Ramukan nan a jere suke kan da'ira, kuma faɗin da'irar ya bambanta daga mota zuwa mota. Hiace ɗin da aka fara ƙerawa a 2004, wadda direbobi ke kira Homa, tana da rami 6 a kan da'ira mai faɗin milimita 139.7. Sabuwar Hiace mai dogon hanci da ta fito a 2019 ita ma rami 6 ne, amma da'irarta milimita 130 ce. Sunansu ɗaya, rim ɗinsu ba ya shiga na juna. Peugeot Boxer da Fiat Ducato rami 5 ne, ƙananansu milimita 118, manyan masu ɗaukar nauyi 130. Ford Transit mai rami 5 milimita 160 ce. Volkswagen T4 tana da 112, T5 kuwa 120.

Ga yadda za ku auna. In rami 4 ne ko 6, sai ku sa rula daga tsakiyar rami ɗaya zuwa tsakiyar wanda yake fuskantarsa a ɗaya gefen. In rami 5 ne, babu wanda yake fuskantar wani, don haka sai ku auna daga tsakiyar rami zuwa tsakiyar na kusa da shi, ku ninka abin da kuka samu sau 1.7. Misali, in kun sami wajen milimita 69 da rabi, da'irar 118 ce.

Babban hatsari yana wurin waɗanda suka yi kusa da juna, kamar 112 da 114.3, ko 118 da 120. Irin wannan rim zai shiga in an ɗan tura shi. Amma kowane noti zai zauna a karkace, yana jan kusarsa gefe, yau da gobe sai ta karye. An ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima. To, a nan ido ba ya ganin milimita biyu, sai ma'auni.

NA BIYU: RAMIN TSAKIYA

Ramin tsakiya shi ne yake hawa kan leɓen cibiyar ƙafa, ya tsai da rim daidai tsakiya. In ya yi ƙanƙanta, a mayar da rim ɗin ga mai shi. Kada a ƙara shi da wuta ko da zarto, gama wuta tana raunana ƙarfe, hannu kuma ba ya fid da da'ira daidai. In ya yi girma, rim yana iya zama ba a tsakiya ba, sitiyari ya riƙa rawa in mota ta ɗauki gudu. Akwai zobe da ake sayarwa don cike wannan giɓi, amma ga motar da ke bin hanyar daji da kaya, gara a nemi wanda ya dace tun farko.

NA UKU: GIRMA DA FAƊI

Ku wanke rim ku duba jikinsa, za ku ga an buga lambobi kamar haka: 15 x 6J. Lamba 15 ita ce girman rim a inci, 6 faɗinsa ne a inci, J kuwa siffar leɓensa ce. Wannan shi ne na ainihi a yawancin Homa, tayarsa kuma 195R15C. Dole lambar ƙarshe ta taya ta yi daidai da ta rim. Ba daga bakin leɓe zuwa bakin leɓe ake auna inci 15 ɗin ba, daga inda bakin taya yake zama ne, don haka in kun sa tef a waje za ku sami fiye da haka. Ku dogara ga lambar da aka buga. Mai faci kuma ya lura ƙwarai: akwai rim mai inci 16 da rabi, in aka sa masa tayar inci 16 aka yi ta ba ta iska, tana iya fashewa ta kashe mutum.

In aka sa rim da ya fi na ainihi ƙanƙanta, yana iya gugar ƙarfen birki. In aka sa wanda ya fi girma da taya maras kauri don ado, ramin farko zai lanƙwasa shi.

NA HUƊU: INDA FUSKAR RIM TAKE

Wannan shi ne abin da aka fi mantawa. Fuskar da take manne wa cibiya ba a tsakiyar faɗin rim take ba, an ɗan turo ta waje. Yawan turowar ana buga shi da haruffa ET da lamba. Na Homa ET35 ne, watau milimita 35. In lambar ta yi ƙasa ƙwarai, kamar sifiri, yadda yake a rim ɗin wasu motocin daji masu rami 6, ƙafa za ta fito waje da milimita 35. Ku tuna yadda bokitin ruwa yake ƙara nauyi in mutum ya miƙe hannu ya riƙe shi nesa da jiki. Haka nauyin mota yake yi wa boris in ƙafa ta fito waje. Boris zai riƙa mutuwa da wuri, taya ta riƙa gugar bodi in an yi lodi, sitiyari kuma ya yi nauyi. In kuwa lambar ta yi sama da yawa, ƙafa za ta shige ciki ta gogi birki ko ƙarafan ƙarƙashi.

In tsatsa ta cinye lambar, ku kife rim maras taya a ƙasa, bayansa yana sama. Ku ɗora miƙaƙƙen katako a kan leɓensa, ku auna daga katakon zuwa fuskar da ke manne wa cibiya. Ku yi haka ga tsohon rim da sabon. In faɗinsu ɗaya ne, awon nan ma ya kamata ya zo ɗaya, ko da bambancin milimita kaɗan.

NA BIYAR: NAUYIN DA ZAI IYA ƊAUKA

Rim ɗin ƙaramar mota ba a yi shi don buhunan masara ba, ko da ramukansa sun dace. Bas cike da mutane da kayansu tana kai wajen kilo 3,000. Harafin C a jikin taya yana nuna ta motar kaya ce. In kun ga lamba 107 a jikinta, taya ɗaya tana ɗaukar kilo 975. Tayar ƙaramar mota mai lamba 91 kilo 615 kaɗai take ɗauka. Haka ma ƙarfen rim ya bambanta a kauri. Wasu masu ƙira sukan buga nauyin da rim zai iya ɗauka a bayansa. In ba a buga ba, hanya mafi aminci ita ce a sayi rim da aka cire daga irin motarku.

Game da rim na alminiyom mai walƙiya kuwa, yana da kyau a ido, amma in ya daki dutse sau da yawa tsagewa yake yi. Na ƙarfe yakan lanƙwashe ne, in kuma leɓe ne kawai ya ɗan lotsa, makanike yana iya miƙe shi har a isa gida. Ga hanyoyinmu na ƙauye, na ƙarfe ya fi.

NA SHIDA: NOTI DA MAZAUNINSA

Gindin noti iri uku ne. Akwai mai tsini kamar mazurari, shi ne na yawancin rim ɗin ƙarfe na motocin Japan. Akwai mai kumburi kamar rabin ƙwallo, irin na Volkswagen da Mercedes. Akwai kuma shimfiɗaɗɗe mai wasa a jikinsa, irin wanda Toyota ke sa wa rim ɗinta na alminiyom. Dole gindin noti ya dace da bakin ramin rim. In bai dace ba, wuri ƙanƙane kawai zai taɓa, ba da daɗewa ba ya kwance. Kusar Homa kaurinta milimita 12 ne, ya kamata noti ya yi juyi wajen 8 a kanta kafin ya matsu. In juyi uku ko huɗu kawai ya yi, rim ya yi wa kusar kauri.

IN ZA A SAYI NA HANNU

Yawancinmu na hannu muke saya, ba kuwa laifi. Ana samun masu kyau a manyan kasuwannin kayan mota kamar Panteka a Kaduna da Ƙofar Ruwa a Kano. Sai dai wanda aka aika ya tafi da tsohon rim ɗin, ko safayar motar, da rula, da noti guda ɗaya. Ya sa a cire taya ya ga ƙarfen tsirara. Ya ƙi duk rim da ke da tsaga, ko tabon walda, ko ramin kusa da ya zama kamar ƙwai, gama wannan alama ce an taɓa tafiya da shi noti a kwance. Ya duba tsatsa a inda bakin taya yake zama, domin taya maras tib daga nan take zubar da iska. Ya kuma yi sharaɗi da mai kaya a gaban shaida cewa in bai dace ba za a dawo da shi. Wani gargaɗi kuma ga masu walda: kada a taɓa kai wuta jikin rim alhali taya tana kansa, ko da an sace iskar, gama zafi yana iya fasa ta.

RANAR ƊAURAWA

A kankare tsatsa da laka daga fuskar cibiya da bayan rim. A ɗora shi, a ga ya kwanta sosai ba tare da an buga shi da guduma ba. A fara sa kowane noti da hannu. Kada a shafa wa kusa mai ko giris. Tun mota tana kan jak a juya ƙafar a saurara ko tana gugar wani abu, in ta gaba ce a karya sitiyari hagu da dama har ƙarshe. A matse noti ana tsallakawa, wannan sannan na ƙetarensa, ba bi da bi ba. Kada yaron mota ya sa dogon bututu a sifana ya hau kai da ƙafa, domin matsi fiye da kima yana miƙar da kusa ya raunana ta. Bayan tafiyar kilomita 50 zuwa 100 a tsaya a sake gwada kowane noti.

KALMA GA KWAMITI

Dattawa da ma'aji, wannan aiki ba na direba kaɗai ba ne. Sau da yawa mu ne muke ba shi kuɗin da ba zai isa ba, mu ce ya san yadda zai yi. Araha ba ta ado. Abin da muka yi zaton mun rage a kan rim, mun biya ninkinsa wajen sayen kusoshi da wani rim, ga mota ta yi mako guda a ajiye, marasa lafiya suna hawa babur. Muna ba da shawara magatakarda ya rubuta lambobin nan a littafin mota: yawan rami da tazararsu, ramin tsakiya, girma da faɗi, lambar ET, da lambar taya. A manna kofe ɗaya a cikin motar, domin ko an sake direba sanin ya zauna.

Motar nan amana ce da Ubangiji ya danƙa a hannunmu, rayukan da ke cikinta kuwa sun fi ta daraja nesa. Muna addu'a kafin mu tashi tafiya, daidai ne kuwa, amma wanda ya ba mu bakin addu'a shi ne ya ba mu hankali da hannu. Ku karanta wannan tare da direbanku da makaniken garinku. Wanda yake da tambaya a kan irin motarsu ya rubuto mana, za mu amsa a fitowa ta gaba in Allah ya yarda. Ubangiji ya kiyaye fitarku da shigarku. Amin.