Rabi da rubu'i: lissafin da ke ba ƴan lakol wuya

Wata uwa ta kira mu a shirinmu na rediyo daga Maraɗi, tana kuka da ɗanta ɗan ajin CM2. Yaron shi ke tsare mata tiredar hatsi, bai taɓa ɓatar da ko dala ba, amma in mushe ya ba da lissafin kashi-kashi, sai ya komo gida da sifili. Kukan nan ba nata ba ne ita kaɗai.

Ga irin tambayar da ke kayar da yara. Gida yana da tiya 12 ta hatsi, kullum ana daka kashi uku cikin huɗu na tiya. Kwana nawa hatsin zai kai? Yaro ya hardace cewa in za a raba, a juya 3/4 ya koma 4/3 a ninka. Ya samu 16, sai tsoro ya kama shi, ya goge, don a tunaninsa rabawa ba ta ba da abin da ya fi 12. Alhali amsar daidai take. Kowace tiya rubu'i huɗu ce, tiya 12 ke nan rubu'i 48. Ana cin uku kullum, sai ya kai kwana 16. Wanda aka nuna wa haka da ƙwarya da hatsi ba ya mantawa.

Ninkawa kuma a bakinmu take. Manomi na da gona mai kashi uku cikin huɗu na hekta, ya shuka wake a kashi biyu cikin uku na gonar. Wannan ƙaramar kalma «na» ita ce alamar ninkawa: 2/3 na 3/4 ya ba da 6/12, wato rabin hekta. A nan an ninka, amma abin ya ragu. Don haka tambayar da ya kamata yaro ya fara yi wa kansa ita ce: wani kaso na abu ake nema, ko kuwa sau nawa wani abu ke shiga cikin wani? Na farko ninkawa, na biyu rabawa.

Kada a ɗauka wannan zancen jarrabawa ne kawai. Mu duba rabon gado. Mutum ya rasu ya bar mata biyu da ƴaƴa, bayan an biya bashi da wasiyya saura jika 800. Rabon matan tumuni ne, kashi ɗaya cikin takwas, wato jika 100, kuma su biyun za su raba shi: kowace jika 50, ɗaya cikin 16. In babu ƴaƴa, rubu'i za su raba. Matar da ba ta iya bin wannan lissafi da kanta, abin da aka miƙo mata shi za ta karɓa. Haka zakkar noma: ushiri ga gonar damina, rabin ushiri ga wadda aka shayar da wahala.

Kalmomin nan, rabi, sulusi, rubu'i, sudusi, tumuni, ushiri, malaman zaure sun daɗe suna aiki da su. Yaro yana jin su a gida, amma a aji sai ya tarar da tambayar cikin Faransanci, ya yi kokawa da harshe kafin ya kai ga lissafi. Tun 1973 aka soma gwajin koyarwa da Hausa a Damagaram, kuma a 2025 an ayyana Hausa harshen ƙasa.

Muna kira ga malamai su bar yaro ya faɗi tambayar da harshensa kafin ya ɗauki alli. Iyaye kuma, in an zo awo da marece, ku miƙa wa yaro tiya, ku tambaye shi kwana nawa buhun zai kai.