Matsalolin Sauya Tsarin Bidiyo da Hanyoyin Magance Su a Zangon Lome

Sauya tsarin bidiyo, wato mayar da fim daga sigar da aka adana shi zuwa wadda wata na'ura za ta iya karantawa, aiki ne da ya zama ruwan dare a Lome, babban birnin Togo, musamman a Amoutivé da mararrabar Dekon da ke kusa da ita, inda masu sayar da waya da masu gyara suka yi cincirindo. A wannan yanki ne tsohon Zango yake kafin hukuma ta tashe shi a 1977 ta mayar da mazaunansa arewacin gari, kuma har yau Hausawa kan shigo da mimori ko filashi domin a tura musu finafinan Kano da wa'azi da bidiyon biki. Ƙorafin da suke komowa da shi bai cika wuce uku ba: hoto ya fito babu murya, ko murya ta riga baki, ko talabijin ya nuna da Faransanci cewa bai san fayil ɗin ba.

Akasarin waɗannan matsaloli ba laifin manhajar sauya tsarin ba ne, sun samo asali ne daga rashin bambance mazubi da abin da ke cikinsa. Haruffan da ake gani a ƙarshen sunan fayil, kamar MP4 da AVI da MKV, sunan mazubi ne kawai, yayin da hoto da muryar da ke ciki kowannensu an matse shi da wata dabara da ake kira kodek, wadda dole na'ura ta san ta kafin ta warware shi. Lamarin kamar buhu ne, wanda ganin bayansa ba ya tabbatar da cewa masara ce a ciki ko gero. Saboda haka fayil biyu za su iya zama MP4, ɗaya ya buɗe ɗaya ya ƙi, domin na farkon an matse shi da H.264, wanda aka fitar a 2003 kuma kusan kowace na'ura ta san shi, na biyun kuwa da H.265 na 2013, wanda wayoyin iPhone suka fara ɗaukar bidiyo da shi tun 2017, alhali tsofaffin talabijin da ƙananan wayoyi ba su san da zamansa ba. Masu canza haruffan ƙarshen suna da hannu, su goge MKV su rubuta MP4, aikin baban giwa suke yi, tunda abin da ke ciki bai sauya ba. Manhajar VLC, wadda ɗalibai suka ƙirƙira a Faransa, tana nuna sunan kodek ɗin kowane fayil, kuma da wannan dubawa ya kamata a fara.

Idan hoto ya fito babu murya, galibi muryar ce aka matse da AC3 ko DTS, kuma maganinta shi ne a mayar da ita AAC ko MP3 a bar hoton yadda yake, abin da kan ƙare cikin ɗan lokaci. Saɓanin murya da baki kuwa ya fi addabar bidiyon da aka ɗauka da waya, domin waya takan rage ko ta ƙara yawan hotunan da take ɗauka a daƙiƙa gwargwadon haske, wasu manhajoji kuma sukan ɗauka cewa adadin ba ya canzawa, sai tazarar ta riƙa ƙaruwa yayin da fim ke tafiya. A manhajar HandBrake akwai zaɓin tsayar da adadin wuri ɗaya, 25 ko 30, wanda yakan kawar da matsalar.

Ɗaukewar wuta ma tana da tata ɓarnar, saboda fayil ɗin MP4 sai a ƙarshen aiki ake rubuta masa jadawalin da ke nuna inda kowane hoto yake, don haka in kwamfuta ta mutu ana tsakiyar aiki, fayil ɗin zai nuna nauyi amma ba zai buɗe ba, sai an sake daga farko. Filashin da ke kan tsarin FAT32 kuma ba ya karɓar fayil ɗaya da ya kai gigabait 4, ko da akwai sauran wuri a cikinsa, sai dai a raba fim ɗin ko a rage nauyinsa.

Abin da ba shi da magani shi ne dusashewar hoto, domin duk sake matse hoton da aka yi yana zubar da wani ɓangare na kyan bidiyon wanda ba ya dawowa, kuma fim ɗin da aka matse zuwa 3GP domin ƙaramar waya ba zai koma garau ba ko an buɗa shi. WhatsApp ma yana matse bidiyo, sai fa in an aika shi a matsayin fayil. Ya kamata mai turi ya adana kwafin asali, ya tambayi mai kaya na'urar da zai yi kallo da ita, sannan ya gwada minti ɗaya na fim ɗin a gabansa kafin ya karɓi sefa ko ɗaya.